Kabarin da Abdulsalami Ya Haƙa a Bama

A Kwanyawa ta ƙasar Karaye, in aka yi rasuwa, kafin labari ya gama zaga unguwa za ka hangi Baba Abdulsalami da diga a kafaɗa, shebur a hannu, ya nufi maƙabarta. Ba wanda ke aika masa. Shekara arba'in da 'yan kai yana wannan aiki, ba gadonsa ya yi ba, ba kuma wanda ya ɗora masa. Manomi ne kamar kowa, mai dawa da gyaɗa da 'yan awaki, dogo, siriri, ga faɗa. Faɗan nasa kuwa kusan duk a kan abu ɗaya yake, wato kabari ya karkace. Samari su zo taya shi haƙa, wani ya ja layi ya ɗan kauce, sai ka ji tsawa: "Kai ɗan nan! Ina za ka kai fuskar bawan Allah, bakin kasuwa?" Ya fizge karan awo ya sake gwadawa da kansa, kai a kudu, ƙafa a arewa, yadda in an kwantar da mamaci a kan damansa fuskarsa za ta kalli gabas sak.

Ɗan Bama ake ce masa, domin yana cikin waɗanda aka kwasa zamanin yaƙin Hitila aka kai su ƙasar Bama, can gaba da Indiya, yaƙi da Japan. Yana ɗan shekara ashirin aka aiko wa dagaci ya ba da samari. Aka ɗauke shi tare da amininsa Shitu, wanda tare suka yi kiwon awaki, tare aka yi musu kaciya. Shitu maraya ne, daga shi sai ƙanwarsa Hajo, 'yar shekara goma, sai mahaifiyarsu Yelwa. Ranar tafiya Yelwa ba ta yi kuka ba. Ta dai riƙe hannun rigar Abdulsalami ta ce, "Abdu, ga amanar ɗan'uwanka. In Allah ya yi kwanansa ya ƙare a can, kada ka bar shi a fili." Ya ce ya ɗauka.

Ba a ba su bindiga ba. Adda aka ba su da gammo. Aikinsu ɗaukar kaya a ka: akwatunan harsashi, buhunan abinci, ƙarafan igwa da aka warware, wani lokaci har da mutum a kan makara. Inda mota ba ta shiga, inda alfadari ya tsaya ya ƙi hawa, nan ake cewa su hau. Daji ne na gora da ba ka ganin mutumin da ke gabanka, ga matsattsaku na shiga har cikin takalmi, ga ruwan sama wanda ba irin namu ba ne da zai zuba ya ɗauke. Su suka ciyar da masu bindiga, su suka sare hanya, su suka fito da masu rauni. Da aka gama, aka ba shi lambar ƙarfe biyu aka dawo da shi Ikko a jirgin ruwa, aka sa shi a jirgin ƙasa zuwa Kano, shi ke nan. A majalisa kuwa, in hira ta yi daɗi, abokan wasansa kan ce, "Sojan dako! Wai Japan nawa ka kashe da gammo?" Ya yi tsaki ya kau da kai. Lambobin suna cikin wani gwangwanin madara a ƙarƙashin gado, asu ya cinye zaren jikinsu tuntuni.

Labarin yaƙi ba ya son bayarwa. Labari ɗaya ne tak yake bayarwa, shi ma ba don kowa ba sai don gidan su Shitu.

Ga yadda yake. Damina ta kama su a kan tsaunuka suna ja da baya. Aka jefo musu bam, ɓarɓashinsa ya sami Shitu a ciki. Cikin ruɗani aka watse, Abdulsalami ya tsinci kansa shi kaɗai da majinyaci. Ya yar da kayan Turawa ya goya amininsa, kwana biyu yana tafe da shi, yana ɗiga masa ruwa a baki da ganye. Safiya ta uku Shitu ya cika, da kalmar shahada a bakinsa. Abdulsalami ya yi masa wanka a wani rafi. Ya sami laimar da jirgin sama ke sako musu abinci da ita ta maƙale a bishiya, fara ƙal, ya yanka ya yi likkafani. Sai maganar kabari. Kwana tara ke nan ba su ga rana ba, sama a rufe ruf, bai san gabas ba bai san yamma ba. Ya zauna ya rasa yadda zai yi, yana ta kuka kamar yaro. Can sai gajimare ya tsage ta gefe ɗaya, rana ta leƙo, sabuwa, ta safiya. Ya zabura ya ja layi da adda kafin ta koma. Da adda da kwanon cin abincinsa ya haƙa ramin, ya yi salla shi kaɗai, ya kwantar da Shitu fuskarsa na kallon inda ranar nan ta fito, ya jera gora ya rufe.

Wannan labari shi ya kawo wa Yelwa maimakon ɗanta, ta kuwa karɓa da hannu biyu. Har ta koma ga Allah abin da take faɗa wa mata ke nan: "Rana ta fito wa Shitu." Hajo ta girma ta yi aure a Rogo, ta haifi 'ya'ya, mijinta ya rasu, ta tsufa a can. Kowace kaka Abdulsalami kan kai mata damin dawa da tiyar gyaɗa a madadin yayanta. Kuma kowace shekara, bayan an gaisa an sha ruwa, sai ta gyara zama ta ce, "To Yaya, ba ni labarin ranar." Ya ba ta daga farko har ƙarshe, ita kuma tana gyara masa in ya tsallake wani wuri. Shekara arba'in da huɗu ana haka.

To, a kakar 1989 ne Malam Lukumanu ya jawo abin da ya jawo, shi kuwa bawan Allah da alheri ya nufa. Malamin firamare ne, magidanci mai son tambaya, maƙwabcin Baba Abdulsalami. Abin da ke damunsa shi ne littafin tarihin da yake koyarwa da shi ya yi maganar yaƙin duniya shafi guda cur, amma ko baƙin mutum ɗaya bai ambata ba, ga kuma wanda ya je ya dawo yana zaune katanga ɗaya da shi. Ya yi ta lallashi har wata Laraba bayan an tashi yara tsohon ya yarda ya bi shi makaranta, ya ga inda ya je a taswirar duniya.

Baba Abdulsalami bai taɓa tsayawa gaban taswira ba. Ya goya hannu a baya yana kallon shuɗi da kore da ruwan ƙasa. Malam Lukumanu ya sa yatsa.

"Ga mu nan, Baba, Kano. Ga Ikko inda kuka shiga jirgin ruwa. Kuka zagayo ta nan ƙasa, kuka hauro, ga Indiya. To ga Bama."

"Tabɗi! Duk wannan ruwan muka ƙetare?"

"Duk shi. Ai kun yi tafiyar da ko alhazai ba sa yi. Dubi, ga Makka nan a tsakiya. Kun wuce ta, kun ba ta rata mai nisa."

Tsohon ya yi murmushi, abin ya yi masa daɗi. Ya sa nasa yatsan mai kanta ya bi layin a hankali, daga Kano zuwa Makka, daga Makka zuwa Bama. Sai yatsan ya tsaya. Ya dawo da shi baya, ya sake bi.

"Malam, mutanen can, in za su yi salla, ina suke fuskanta?"

"Yamma mana, Baba. Ai Makka tana yamma da su. Mu ne take gabas da mu. Su inda rana ke faɗuwa suke kallo."

Baba Abdulsalami ya nemi bencin yara ya zauna, gwiwoyinsa sun kusa taɓa haɓarsa. Malam Lukumanu na ta zuba, yana cewa ya kamata a rubuta sunayensu, ya kamata yara su sani. Tsohon ba ya jin ko ɗaya. Abu guda ke yawo a kansa: ya kwantar da Shitu ya ba wa alƙibla baya. Da hannunsa, da addarsa, yana ta godiya ga Allah, ya juya ƙeyar amininsa ga Ɗakin Allah ya rufe shi da ƙasa.

Ya tashi ya yi sallama, ya manta hularsa a kan benci.

Kai, tashin hankali bai yi ba! Da ma a ce bai taɓa ganin wata alama ba, da da sauƙi. Amma yana tafe yana tunawa. A sansaninsu na Indiya, kafin a shiga daji, akwai limamin soja da ke ja musu salla, su dai su bi sahu. Ya tuna sarai cewa da magariba jan rana a fuskarsu yake, ba a bayansu ba. Ya gani da idonsa a lokacin, har ya ce wa Shitu, "Ƙasar nan komai nata a birkice yake, har ranarsu." Suka yi dariya, ba wanda ya tambayi liman. Wa zai tambayi inda gabas take? Tun kana goye kake ganin uwarka tana kallonta sau biyar a yini.

Matarsa Tani ce ta fara lura. Ta kawo tuwo ya ci loma biyu ya ture. Ta dama fura ya ce ta ajiye. Ya je gona cirar gyaɗa, ta aika masa abinci aka tarar da shi zaune a kan kunya, fartanya a gefe, yana kallon ƙasa.

"Malam, wai lafiya? Ko jikin ne?"

"Lafiya lau."

"Wace irin lafiya, mutum kullum yana ramewa kamar kazar da ta kwanta kan ƙwai? In wani abu aka yi maka ka faɗa."

"Na ce miki lafiya, Tani. Ki ƙyale ni."

A makon aka yi rasuwar wata tsohuwa a unguwa. Ya ɗauki diga ya tafi kamar kullum. Wani saurayi ya ja layi, kowa ya ga ya ɗan karkace, aka yi shiru ana jiran tsawa. Tsawa ba ta zo ba. Baba Abdulsalami na tsaye da karan awo a hannu. Wani dattijo ne ya gyara layin. A hanyar dawowa mutane na ta raɗe-raɗi, wai tsufa ya fara kama Ɗan Bama. Shi kuwa abin da ke ransa shi ne, da wane baki zai yi wa ɗan mutane faɗa a kan taki ɗaya, shi da ya kauce da duniya guda.

Da abin ya ishe shi, ya sami liman, Malam Audu, bayan sallar la'asar, ya jira kowa ya watse. Ya zayyana masa komai, murya ƙasa ƙasa. Liman ya saurara har ƙarshe, ya ce, "Malam Abdu, wanda ya yi iya ƙoƙarinsa wajen neman alƙibla ya kuskure, babu laifi a kansa. Ka yi wanka, ka yi sutura, ka yi salla, a wurin da wani gudu zai yi ya tsira da ransa. Lada gare ka."

"Allah gafarta Malam, ba laifina na zo tambaya ba. Fuskarsa nake tambaya. Yana can har yanzu a yadda na ajiye shi."

"Gawar da ta daɗe ba a tone ta. Ko a nan garin ne ba za mu tone ba, balle Bama. Allah ya san bawansa duk inda ya kalla."

"To ƙanwarsa fa? Shekara arba'in da huɗu ina gaya mata na daidaita shi."

Liman ya ce, "In ka yi shiru ba ka yi ƙarya ba."

Nan fa gizo ke saƙar, domin Hajo ba ta barin a yi shiru. Da ya zauna za ta ce a ba ta labarin ranar. In ya ba ta yadda ya saba, ya yi ƙarya da saninsa, a kan mamaci, da furfurarsa. In ya faɗi gaskiya, ya ƙwace wa tsohuwa abu ɗaya tilo da ya rage mata na ɗan'uwanta. Ba ta da hotonsa, ba ta da rigarsa, ba ta san kabarinsa ba. Ranar nan kawai gare ta.

Saboda haka ya ƙi zuwa Rogo. An yanke dawa, an ɗaure, an kai rumbu, damin Hajo na jingine a zaure. Tani ta yi magana sau ɗaya, sau biyu, ya ce ƙafarsa ke ciwo. Mako uku yana wannan kwana-kwana. Duk motar da ta tsaya a bakin hanya sai ya leƙa ya ga ko daga Rogo take. Ranar da yake tsoro kuwa ta zo: Ɗantala, babban ɗan Hajo, ya iso a kan babur da hantsi, ya durƙusa ya gaishe shi.

"Kawu, Inna ce ba lafiya. Ƙafafunta sun kumbura, ba ta iya tashi. Mun kai ta asibiti sun ce a dawo da ita gida. Ta ce ko me kake yi ka bari ka zo."

Ba sauran wurin ɓuya. Washegari ya sa farar rigarsa, aka ɗora masa damin dawa a bayan a-kori-kura, ya shiga cikin 'yan kasuwa da awakinsu. Duk hanyar yana shirya magana yana rushewa. Ya ce zai fara da taswira. Ya ce a'a, zai fara da abin da liman ya faɗa. Wani ƙauye da aka tsaya sauke kaya har ya sa ƙafa zai sauka ya koma gida, ya dai daure. Ya roƙi Allah, abin kunya, ya sa ya tarar tana barci.

Idonta biyu. Tana kwance a kan katifa a ƙasa, an tokare ta da matasai, 'yarta Rabi'atu na yi mata fifita. Fuskar ta zube, amma muryar na nan da kaifinta.

"Lale, lale da Yaya. Sai yau? Na ce ko ka sami wata ƙanwar ne a Karaye."

"Haba Hajo. Ina kwana? Yaya ƙarfin jiki?"

"Da sauƙi, alhamdu lillahi. Ina su Tani? Yaya aka ji da kaka?"

"Duk lafiya, suna gaishe ki. Allah ya ƙara sauƙi, ya sa kaffara ne."

"Amin. Rabi, kawo wa kawunki ruwa."

Ya karɓi kwanon ya riƙe. Hajo ta bari 'yarta ta koma bakin ƙofa, sannan ta ce, "Yaya, ba zan ɓoye maka ba, wannan ciwon ba na tashi ba ne. Na sani. Abin da ya sa na kira ka, na gaya wa su Ɗantala, in ta Allah ta kasance, a ɗauko ka. Kai nake so ka haƙa mini. Ka daidaita ni yadda ka daidaita Shitu."

Wayyo! Da ta san inda maganar ta soke shi. Ya ajiye kwanon don kada ya zubar.

"To yanzu ba ni labarin ranar," in ji ta, ta lumshe ido. "Wataƙila na ƙarshe ke nan."

Ya fara. Ya faɗi tsaunuka da ruwan sama da bam. Ya faɗi goyon kwana biyu, ta gyaɗa kai. Ya faɗi rafi da farar laima. Ya zo kan kwana tara ba rana, ya zo inda gajimare ya tsage, sai ya tsaya. Ana jin akuya na kuka a waje.

"Sai rana ta leƙo," Hajo ta tuna masa, idonta a rufe.

"Ta leƙo," in ji shi. "Hajo, akwai abin da ban sani ba sai bana. Wallahi tallahi ban sani ba. Ƙasar nan ta Bama, ashe gabas take da Makka. Mun wuce Makka ba mu sani ba. Mutanen can yamma suke kallo in za su yi salla. Ni kuwa na bi rana irin ta gida. Na kwantar da shi yana kallon gabas, alƙibla tana bayansa. Haka yake har yau. Amanar da Inna ta ba ni, ga yadda na yi da ita."

Ta buɗe ido. Ba shi ta kalla ba, rufin ɗaki ta kalla. Hawaye ya gangaro ta gefe ya shiga kunnenta. Rabi'atu ta taso, Hajo ta ɗaga mata hannu, ta koma.

"Wa ya gaya maka?"

"Malamin makaranta. Na gani da idona a taswira. Na tambayi liman, ya ce haka ne."

"Inna ta mutu tana cewa rana ta fito wa ɗanta."

"Ta fito, Hajo. Wannan kam ta fito."

Ya sunkuyar da kai yana jiran hukunci. Ya gwammace ta zage shi. Can ta ce, "Tsaya in gane. Ga mu nan. In an yi gabas, ga Makka. In an ƙara yin gabas fa?"

"Sai Bama."

"Wato duk sallar da na yi tun ina yarinya, in an wuce Ɗakin Allah, shi ne a can gaba?"

Wannan bai taɓa zo masa a rai ba. Ya sake bin layin da yatsansa ya bi a taswira a zuci. "Shi ne," ya ce.

"Hm." Ta share fuska da gefen mayafi. "Sauran da suka mutu a dajin nan fa, su wa ya rufe su?"

"Wasu an rufe. Da yawa inda suka faɗi nan aka bar su. Ba a tsayawa."

"Kai ka tsaya."

"Na tsaya, amma..."

"Yaya, rufe mini baki da amma ɗin nan." Tsohon kaifin ya dawo sosai. "Kai da ka je da gammo, aka ce maka ga inda Makka take? Waɗanda suka kwashe ku suna da takardu da na'urori, sun gaya muku ko ina suka kai ku? Shi ya sa ka ƙi zuwa, ka bar ni ina ta kallon ƙofa? Kai, amma ka ba ni haushi." Ta tsaya ta huta, numfashinta na fita da ƙyar. "Ya yi mini ciwo, ba zan ce bai yi ba. Na so a ce yana kallon inda ya dace. Amma gabas, ko yaron goye a Rogo ya san ta. Hannun da ya rufe Shitu kuwa guda ɗaya ne a duniya. Shi nake so ya haƙa mini."

Baba Abdulsalami, mutumin da ya rufe ɗaruruwan mutane ido a bushe, ya sa hannun riga ya rufe fuska, kafaɗunsa na girgiza.

"In ka gama," in ji Hajo, "ka koma farko ka ba ni labarin. Ka sa har da kuskuren. Rabi, matso ki ji, ke ma ki riƙe. Kawunki Shitu ne da wannan suka ɗauki yaƙin Turawa a ka."

Ya koma farko. A karon nan bai tsallake komai ba, har da jan ranar magariba a sansanin Indiya da dariyar da suka yi. Da ya zo nan Hajo ta yi ɗan murmushi ta ce lalle wannan dariyar Shitu ce.

Kwana goma sha tara bayan haka Ɗantala ya dawo da babur, tun kafin ya buɗe baki tsohon ya shiga ɗaki ya ɗauko diga. A maƙabartar Rogo akwai masu haƙa nasu, amma an gaya musu wasiyya, suka ja gefe. Ya karɓi karan awo ya ɗora a ƙasa. Ga kaburbura nan jere reras duk sun nuna hanya, ga rana ta hantsi tsaye a sarari, amma ya juya ya dubi limamin unguwar.

"Allah gafarta Malam, nan ne alƙibla?"

"Nan ne, Baba."

Ya dubi Ɗantala. "Nan ne?"

"Nan ne, Kawu."

Samarin Rogo suka dubi juna, wai wannan ne gwanin da aka ɗauko tun daga Kwanyawa. Bai kula su ba. Ya yi bisimilla ya sara. Ya haƙa uwar kabarin, ya haƙa ɗan ramin ciki da hannunsa, ya ƙi ba kowa digar ko da numfashinsa ya fara sarƙewa. 'Ya'yanta suka sa ta, aka jera itace, aka yaɓe da kwaɓaɓɓiyar ƙasa, aka tura sauran. Aka yi addu'a aka shafa, jama'a suka fara juyawa.

Shi bai juya ba. Ya tsaya a bayan kabarin, ya dogara da digarsa, yana kallon inda fuskar Hajo ke kallo, ta kan karan dawa da bishiyoyin ɗorawa har inda ido ya gaza. Ɗantala da ya dawo kiransa ya ji yana magana a hankali, kamar mai gaya wa wani na kusa da shi.

"Shitu, ga Hajo nan na kawo. Tana bayanka, kai take kallo."